Bod Mai Hoton Damisa

Shekara goma sha huɗu ina gyara wa Master Inayat kwamfuta. Tun da ya bar koyarwa ya buɗe shagon buga takardu a bakin kotu, ba wanda ya taɓa kwance masa ita sai ni. Shi ya sa ranar da na gan shi ya hawo benenmu da kwali a hammata, ya wuce teburina ya shiga shagon Tanveer, sai shayin da nake sha ya fita daga raina.

Tanveer bai fi shekara biyu da zuwa kasuwarmu ta Lahore ba. Yana da takardar shaida a firam, da ƙofar gilashi, da na'urar sanyaya ɗaki. Ni kuwa da gyaran rediyo na fara, kuma duk abin da na sani a kan kayan da na ƙona na koye shi.

Daga inda nake na hango kwalin. Bod ne, wato faifan da duk kayan cikin kwamfuta ke hawa kansa, irin mai arahar nan da ba sunan kamfani, ba takardar bayani, sai hoton damisa. Na san shi. Shekara uku da suka wuce ya ci mini kwana huɗu. Akwai wata 'yar hular roba a jikinsa, da kaɗan ta fi ƙwayar shinkafa, tana zaune a kan allurai biyu da ba nata ba. In ba ka matsar da ita gefe ba, fanka za ta juya, fitila ta kama, allo kuwa ya tsaya baƙi ƙirin.

Har azahar ina kallonsu ta gilashi. Tanveer ya sauya wayar wuta, ya sauya allo, ya cire ya mayar. Master yana zaune yana duba agogo, don gobe da safe masu ƙara za su cika masa shago. Bayan salla Tanveer ya tsallako wurina.

"Ustad Mushtaq, ka taɓa haɗuwa da mai damisar nan?"

"Ni? Mu da ba mu da firam a bango?"

"Haba Ustad, bar zolaya. Tsohon nan ya kafa mini ido tun safe, ko samosa ban iya ci ba."

"Ka gwada wata ƙwaƙwalwar, wani ram ɗin?"

"Har uku."

"To ban sani ba," na ce. "Kayan araha ne. Wataƙila a mace ya zo."

Ya koma. Ni kuma na zauna ina kare kaina a gaban kaina. Ban ɓata masa komai ba. Ilimin nawa ne, da gumina na same shi. Abin da nake so bai taka kara ya karya ba: kafin la'asar Master ya ɗauko kwalinsa ya dawo teburina, in sa ɗan yatsa in matsar da hular a gaban su biyun, ya gane inda gwani yake. Amma wani ɓangare na zuciyata yana tambayata, in Master ya gaji ya tafi fa? Wa zai biya shi ranar goben?

Ban gama wannan shari'ar ba na ji ƙarar nan guda ɗaya, gajera, wadda kwamfuta ke yi in ta tashi lafiya.

Suka fito tare, Tanveer da farantin samosa a hannu ɗaya, wayar salula a ɗayan.

"Ustad, zo ka ga ikon Allah. Hular roba ce kawai. Wani bawan Allah mai suna Musafir ya rubuta a zauren masu gyara na intanet, tun shekara uku da suka wuce. Har zane ya yi da biro ya ɗauki hoto."

Ya miƙo mini wayar. Zanena ne. Ni ne na sa wa kaina wannan sunan, ranar da na ci nasara a kan bod ɗin, don kada wani ya sha wahalar da na sha. A ƙasan hoton ana ganin gefen teburi, da wata ƙuna mai kamar jinjirin wata.

"Wannan shi ne gwani," in ji Tanveer. "Ni da kai 'yan kallo ne, Ustad."

Master Inayat ya gyara tabarau. "Ka gani, Mushtaq? Masu sani na gaske ba sa jiran a gode musu. Allah ya saka masa, ko a ina yake."

Kalma biyu za su ishe ni: ni ne. Amma in na faɗe su, na faɗi ke nan cewa da azahar na sani na ce ban sani ba, na bar dattijo a kan kujera wuni guda. Ban taɓa jin kishin mutum kamar yadda na ji na Musafir ba.

"Amin," na ce. Na karɓi farantin na ɗora shi a kan ƙunar teburina.