Baƙin Kifin Dalhatu Kuku

A ƙauyen su Dalhatu Kuku, can gaba da Kura inda babban kanal ya rabu biyu, magidanci ba ya cin tuwon dare shi kaɗai. Da an sallame Magariba sai a shimfiɗa tabarmi a ƙofar gidan Baballe, wanda ya girme su duka, kowa ya shiga gida ya fito da kwanonsa a jera a tsakiya. A buɗe ɗaya a cinye, a jawo na gaba. Ciyayya ke nan, kuma a nan ake gane gidan da aka iya miya da gidan da ake kwarara wa kuka ruwa kamar ana ban ruwan alkama. Ba mai faɗa da baki, amma saurin hannuwa yana tona asiri.

Dalhatu yana da wurinsa a tabarmar, sai dai babu kwanonsa a jeri. Tun da matarsa Ummulkhairi ta rasu, damina biyu ke nan, hannu kawai yake zuwa da shi. 'Yarsa tana aure a Madobi. Ɗansa yana Legas, sai jefi-jefi ake jin muryarsa a salular Ɗanladi mai shago, wadda ita kaɗai ce a unguwar. Ba wanda ya taɓa yi wa Dalhatu gori, in ma ya yi jinkirin fitowa ƙwala masa kira ake yi. Amma shi ya san yadda loma ke tsaya masa a wuya. Yakan ci kaɗan, ya suɗe hannu ya ce alhamdu lillahi, ya koma gida da sauran yunwarsa.

Abin takaicin, mutumin nan a gindin tukunya ya tsufa. Yana saurayi, lokacin da ake haƙa kanal ɗin nan, ya yi wa wani injiniya Ba'amurke girki, Mista Landiri, jibgegen mutum mai jan wuya da ke kiran danginsa Kajun. A wurinsa ya koyi yadda ake turmusa kifi a cikin yaji a jefa shi a kaskon ƙarfe mai zafin gaske har bayansa ya yi baƙi. Da aikin ya ƙare ya koma Bompai, gidan wani Ba'indiye mai masaƙa, inda uwar gidan, Madam Mira, ta yi ta dukan bayan hannunsa da cokali har ya iya tsuma kifi a kindirmo da kurkum. Da masana'antun Kano suka fara rufewa ɗaya bayan ɗaya, Indiyawan suka tattara suka tafi, shi kuma ya dawo gida da kaskon ƙarfe da sunan Kuku, ya kama noman tumatir da albasa kamar kowa.

Girkin Bature da na Madam, shi ya haɗa su wuri guda, kuma mutum ɗaya ce ta taɓa ɗanɗanawa. Sai ya rufe ƙofar gida ya yi wa Ummulkhairi, ta ci tana sharce gumi tana cewa zai kashe ta da yaji, tana kuma miƙo kwano. Dole a rufe ƙofa. A birni namiji ya sa fararen kaya ya yi girki, an ce sana'a. A ƙauye a gan shi tsugune yana hura wuta, wani suna za a laƙa masa, kuma suna irin wannan ko da sabulu ba ya fita.

Muhammadu Sani ne ya ɓallo ruwa, shi ma ba da nufi ba. Matarsa ta tafi gida haihuwa, ya zo ciyayya hannu rabbana, ya zauna yana dariya.

“To jama'a, yau ni ma na zama Dalhatu, sai a yi haƙuri da mu.”

Aka yi dariya, har da Dalhatu. Ya yi dariyar ma fiye da kowa. Amma da ya koma gida maganar ta bi shi har kan gado. Ashe sunansa ya zama sunan mai zuwa ba kwano. Ya ji zafin abin ƙwarai, ya kuma ji kunyar mutanen da suka ciyar da shi ba su taɓa ɗaga ido ba. Ya ce a ransa ranar wanka ba a ɓoyon cibiya, kowa ya faɗi abin da zai faɗa, gobe kwanonsa zai shiga jeri.

Da hantsi ya hau kekensa ya bi gefen kanal zuwa Kura. Alkama ta yi kore shar hagu da dama, masu ban ruwa na tsaye cikin laka suna ɗaga masa hannu. A bakin titi Sabina, 'yar Jos ɗin nan da masuntan Tiga ke kawo wa kifi a babur, ta buɗe masa baho. Ya wuce tarwaɗa, ya wuce karfasa, ya danna yatsa a jikin wani giwan ruwa, naman ya dawo. Ya buɗe kunnen ya ga ja.

“Baba Kuku, baƙi za ka yi ne?”

“Baƙi zan yi, 'yata, manya ma kuwa.”

Bayan La'asar ya share tsakar gida ya bar ƙofa a buɗe da gangan. Ya fere kifin ya zare ƙaya, ya yanka farin naman fala-fala kamar tafin hannu. Ya matse lemon tsami, ya dama kindirmo da kurkum da dakakkiyar citta da tafarnuwa, ya kwantar da yankan a ciki. Wannan na Madam ne. Ta sha gaya masa kifi ba ya son gaggawa kafin wuta, bayan wuta kuma ba ya son jira.

Sai ya jawo turmi. Busasshen tattasai da barkono da masoro da busasshiyar albasa da ganyen tayim, wannan na Bature ne. A kai ya ƙara kusbara da ɗan hulba da kirfa da ƙwayar nan da Madam ke kira jira, waɗanda ya sayo a kasuwar Kurmi tun Ummulkhairi na da rai, suna ƙulle a leda cikin gwangwani. Ya ɗan gasa su a wuta tukuna don su farka. Da ƙamshin ya tashi sai ya tsaya riƙe da taɓarya, don a daidai nan ne Ummulkhairi takan leƙo daga ɗaki tana atishawa tana tambaya ko yaƙi za a yi. Ya saurara kaɗan. Kaji ne kawai ke tono a gindin zogale. Ya ci gaba da daka.

Ya ɗora kaskon ƙarfen a kan garwashi ba mai, ya bar shi har tsakiyarsa ta fara yin fari-fari. Ya tsane yankan kifin, ya tsoma a narkakken man shanu, ya turmusa a yaji ciki da baya, ya shimfiɗa. Kasko ya yi ƙara, hayaƙi ya turnuƙe gidan har ya haura katanga. Wata maƙwabciya ta ɗaga murya tana tambaya ko lafiya, ya ce lafiya lau. Bai taɓa kifin ba sai da gefensa ya nuna, sannan ya juya shi sau ɗaya tak. Baƙi ƙirin, yana sheƙi. Wanda bai sani ba zai rantse ya ƙone, alhali man shanu da yaji ne suka haɗu suka yi ɓawo, kuma duk daɗin abin a ɓawon yake. Ya zuba farar shinkafa 'yar Kura a babban kwanon samira, ya jera kifin a kai, ya yaryaɗa ruwan tsamiya da ya dafa da albasa, ya rufe.

Ya yi wanka ya sa wankakkiyar riga. Da aka sallame Magariba ya fito rungume da kwano. Hira ta tsaya. Ya sunkuya ya ajiye kwanon a jeri, tsakanin na Ɗanladi da na Baballe.

“A'a! Malam Dalhatu, ko an ɗaura ne ba mu ji ba?” in ji Muhammadu Sani.

“Ni na yi da hannuna.”

Ba wanda ya yi dariya. Baballe ya gyara zama ya ce madalla, ai da na Dalhatu za a fara. Ya yi bisimilla ya ɗaga murfi, Ɗanladi ya matso da fitila.

Aka dubi baƙin kifin nan, aka dubi juna, sannan kowa ya sami abin kallo a wani wuri. Ɗanladi ya janye fitilar a hankali. A fuskokinsu Dalhatu ya karanta abin da suke gani: tsoho gwauro ya rasa mai dafa masa, ya yi ƙarfin hali, wuta ta ci amanarsa. Tausayi ne fal idanunsu.

Ya buɗe baki zai yi bayani.

“Ai shi wannan baƙin...”

Baballe ya dafa gwiwarsa ya matsa, ya yi ƙasa da murya yadda su biyu kaɗai za su ji.

“Yi shiru, ƙanena. Bar ni da su.”

Dattijon ya zaro 'yar wuƙarsa ta yankan goro daga aljihu, ya ɗauki yanka ɗaya, ya kankare baƙin tas a cikin murfin kwanon, a natse, ciki da baya, har farin naman ya fito. Ya kai baki ya tauna, ya ɗaga kai.

“Wallahi cikin bai ƙone ba! Ku sa hannu, jama'a. Wuta ce, ba wanda ba ta yi wa haka, matanmu ma da suka shekara talatin a murhu tana yi musu.”

Sai kowa ya saki jiki. Wuƙa ta riƙa zagayawa hannu zuwa hannu, mai gaggawa ya sa farce. Ana kankarewa ana ci ana santi. Ɗanladi ya ce bai taɓa cin kifi mai laushin wannan ba. Muhammadu Sani ya ce shi daga yau ya janye maganarsa, ya roƙi gafara. Dalhatu yana zaune yana kallon tulin baƙin yaji na ƙaruwa a murfi. Kalma ɗaya ta isa ta gyara komai, amma kalmar nan za ta nuna Baballe bai san abin da ya kankare ba, a gaban ƙannensa, a ƙofar gidansa, bayan ya tashi tsaye ya rufa masa asiri. Mutumin da ya ciyar da kai damina biyu ba ka yi masa haka. Ya haɗiye maganarsa, ya karɓi wuƙar da aka miƙo masa, ya kankare nasa shi ma.

Aka cinye shinkafar ƙarƙaf. Da za a tashi Baballe ya miƙa masa kwanon da murfin daban, ya riƙe hannunsa.

“Ka shigo jeri ke nan, Dalhatu, kullum muna sauraron kwanonka. Sai dai a riƙa rage wuta kaɗan.”

“To, Yaya. Za a rage.”

Ya shiga gida ya zauna a bakin ƙofar ɗaki. Garwashin bai gama mutuwa ba, kaskon na gefe yana hucewa. Ya ɗora murfin a cinya, ya dangwali baƙin da yatsa ya sa a harshe. Man shanun ya fara zuwa, sai tattasai, sai kusbara da kirfa, daga can ƙarshe barkono ya taso a hankali ya zauna. Gishirin daidai, ɗacin hulbar daidai. Duk tsawon shekarunsa a gindin tukunya bai taɓa yin wanda ya kai wannan ba, kuma duk faɗin garin babu wanda zai gaya wa.