Hannun da Ba na Jaruma Ba

Ni dai ba ma'abociyar fim ɗin Indiya ba ce. Karatun Fiƙihu ya kawo ni Alƙahira, ba kallon mutum biyu suna ƙura wa juna ido har shayi ya huce ba. Amma ɗaki nake haya a gidan Sulafa a unguwar Ard al-Liwa, falon kuma guda ne.

Wata huɗu ke nan da Sulafa ta fito da mahaifiyarta, Hajiya Awadiyya, daga yaƙin da ake yi a garinsu, Omdurman. Tun da suka iso tsohuwar ba ta ce uffan ba. Likita ya ce lafiyar harshenta ƙalau. Kullum tana kan kujera tana ramewa, Sulafa kuwa tsoronta kada uwar ta tafi ba ta sake jin muryarta ba.

Ran nan bayan la'asar Sulafa ta kunna talabijin. Sabon shiri ne na soyayya, kashi na farko, wai daga wani tsohon littafin mutanen Gujarat na Indiya aka ciro shi, aka sa masa Larabci. Na taɓe baki na zauna.

Sai ga wani tsakar gida an shanya zannuwa ja da rawaya, iska na kaɗa su, hasken rana na ratsa su. Wallahi ban san launi yana kai haka ba. Budurwar shirin 'yar marina ce, tana zaune tana ɗaure farin yadi kafin a tsoma shi a rini, wani saurayi baƙo ya tsaya a ƙofa ya manta abin da ya kawo shi. Aka matso da hoton kan yatsunta: ta tsunkuli yadi, ta naɗa zare, ta wuce gaba, da saurin da ido ba ya iya bi.

"Wannan hannun ba nata ba ne."

Muka waiga. Hajiya ce, muryar a dushe, idonta a kan talabijin.

"Yarinya ba ta ɗauri haka. Dubi farcen, dubi kantar yatsa. Wata tsohuwa suka ɓoye, suka ari hannunta. Ta yi shekara arba'in tana yi, ko fiye."

Ashe rini ne sana'arta a can, ni ban sani ba. Yatsunta na ta tsunkular gefen mayafinta, daidai da na matar da ba a nuna fuskarta ba. Sulafa ta durƙusa a gabanta.

"Yumma, me kika ce?"

"Na ce ki matsa, kin tare mini." Ta sake tsunkular mayafin. "Da safe ki shiga kasuwar Ataba ki samo mini farin yadi da zare. Mai ƙwari, ba irin na ɗinkinki ba."

Sulafa ta ce tamam, wato to, ta matsa gefe, tana kuka tana dariya. Har aka gama shirin, fuskar uwarta take kallo.