Kaset ɗin da Baba Ya Hayo

Wallahi har yau in na ga tsohon kaset ɗin bidiyo sai gabana ya faɗi.

A birnin Kuluj muke lokacin, kuma doka ɗaure irinmu take yi, mu maza masu son maza. Muna da wani ɗaki a ƙarƙashin ƙasa inda muke haɗuwa ran Asabar, mu rufe ƙofa mu cashe. Ina kewar wurin nan! Wata rana aka ɗauke mu a bidiyo, ni da Horiya, saurayina, muna rawa rungume da juna. Don kar a gani a gida, sai na ɓoye kaset ɗin cikin kwalin fim ɗin karate da na hayo. Ni da wayona! Ƙanwata ta ga kwali, ta mayar shago.

Ran Lahadi na lura. Na zura da gudu wajen Madam Lenutsa mai shagon.

"Tiberiyu, lafiya kake haki kamar an koro ka?"

"Fim ɗin karate, Madam."

"Ai babanka ya karɓa ɗazu. Ya ce kawunka Dorel zai zo cin abinci."

Kawu Dorel ɗan sanda ne. Na fara hango kurkuku, da Horiya a ciki saboda sakarcina.

Na iske gida cike da ƙamshin kabeji da nama, Kawu ya baje a kujera yana jiran abinci. Baba na durƙushe gaban bidiyo. Al'adarsa ce ya gwada kaset shi kaɗai kafin baƙi su zo, ya daidaita hoto.

"Kai Vasile, ka sa mana fim ɗin mana!" Kawu ya ce wa Baba.

"Injin ya cinye shi," Baba ya ce. Ya ɗago zaren kaset ɗin, baƙi, ya cukurkuɗe a hannunsa.

Kawu ya yi tsaki, ya zagi injin. Ni kuwa na kalli bakin zaren. Ba tauna ba ce, yanka ne miƙe. Almakashin Mama na leƙowa daga aljihun Baba.

Bai dube ni ba. Ya ce, "Wanke hannu ka zauna, ɗana."

Har ya rasu bai taɓa tayar da zancen ba. Horiya ya tsallake iyaka a shekarar, bai dawo ba. Wannan kaset ɗin ne kaɗai hotonsa da nake da shi, kuma ni Baba ya miƙa wa na kai shara.