Abin da Mai Ba da Hannu Ya Ji

Ya tsufa yana ba motoci hannu a mahaɗar titunan nan, har direbobi suna kiransa Baba Tsaya. A wurinsa mahaɗar nan hayaniya ce kawai, wadda yake komawa gida da ita a ka kowace yamma.

Wata safiya ya hango wata mata ta kafa kyamara a gefen titi, mijinta na riƙe da doguwar sanda mai makirfo a kai. Ya tsallako don ya kore su.

"Kun tare wa mutane hanya. Wa kuke ɗauka?"

"Ba kowa, Baba," in ji matar. "Ɗan gajeren fim ne. Titin kawai muke kallo."

"Titi? Me titi ke yi?"

Mijin ya cire abin sauraron da ke kunnensa ya miƙa masa. Baba ya karɓa yana ɓata rai.

Sai mijin ya juya sandar a hankali. Hayaniyar ta warware kamar zare. Baba ya ji wata mata cikin bas tana yi wa jaririnta waƙa ƙasa-ƙasa. Ya ji almakashin mai aski daga tsallaken titi. Mai gyaran takalmin nan da bai taɓa ganin haƙoransa ba, ashe dariya yake ƙunshewa shi kaɗai. Da sandar ta ɗaga sama, sai ga kukan 'ya'yan tsuntsu daga cikin fitilar titin da ta daɗe da mutuwa, daidai saman inda yake tsayawa.

Baba ya juyo ya dubi mijin.

"Duk wannan yanzu ake yinsa?"

"Yanzu, Baba."

"Kullum?"

"Kullum."

Bai cire abin sauraron ba sai da motoci suka cunkushe, wani direba ya leƙo yana cewa, "Baba Tsaya, yau kai ne ka tsaya?"

Da fim ɗin ya fito, suka gayyace shi wani ƙaramin zaure, ya tafi da matarsa. Ba a nuna fuskarsa ba. Hannunsa kaɗai aka nuna cikin farar safa, ya cika bango, ya ɗaga, motoci da mutane duk suka tsaya cak.

Matarsa ta daɗe tana kallo, sannan ta raɗa masa, "Maigida, ashe haka kake a waje."

Shi kuwa ya rufe ido, yana sauraro.