Haruna Kano na Tokyo

Shekara goma sha biyu Badamasi yana ɗora muryar Hausa a kan katun ɗin Japan a shagonsa da ke kasuwar Haɗeja, kuma ba abin da yake jira irin sunayen da ke wucewa a ƙarshen fim. Akwai guda a ciki: Haruna Kano. A tsofaffin finafinai can ƙasa yake, cikin 'yan aike. Sannu a hankali ya yi ta hawa har ya zama furodusa, sunansa shi kaɗai a allo.

"Namu ne," in ji Badamasi ga duk wanda ya tsaya. "Bakano ne, ci-rani ya kai shi."

Har tarihi ya ƙera masa: ɗan Fagge, dogo, ba ya wasa da salla. Abokinsa Haladu mai gyaran waya ya nemi ganin hoto, Badamasi ya ce manya ba sa tallan fuska.

Abin da ya ɓoye wa kowa shi ne yana da nasa labarin, na wani masunci da ambaliya ta raba da kwalekwalensa a fadama. Shekara uku yana rubutawa, ba wanda ya taɓa karantawa, don tsoro yake kada a ce shirme ne. Ran nan ya yi ta maza, ya tura wa Haruna rabinsa ta imel ɗin kamfanin katun ɗin, da Hausa tsantsa. Wa zai yi wa Bakano Turanci?

Wata huɗu shiru, sai ga amsa a bidiyo. Gogan bai ko leƙa ba ya tara 'yan majalisa, ya danna.

Wata dattijuwa ce 'yar firit mai tabarau, ta rusuna. Wani Bahaushe mai harkar motoci a can yana gefenta yana fassara: ita ce Haruna Kano. A wurinsu Haruna sunan mata ne, Kano kuma sunan danginsu.

Majalisa ta fashe da dariya, Haladu har da faɗowa daga benci. "Malam Badamasi, ashe ɗan Faggen naka Hajiya ce!"

Kunya ta rufe Badamasi. Ya kai hannu zai kashe, sai dattijuwar ta ɗaga takardunsa, duk ta bi su da jan biro.

"Ta ce wata uku tana neman mai karanta mata," in ji tafintan. "Ba ta yi alkawarin fim ba. Amma ka bar masuncin a kan bishiya ruwa na hawa, abin ya tsaya mata a rai."

Dariya ta ɗauke. Haladu ya kakkaɓe rigarsa, ya matso.

"To, ya sauko ɗin?"