Sandar da Gado Ke Jinginewa

"Ka tabbata da idonka ka gani?" baƙon ya sake tambaya, yana gyara biro.

Dalhatu ya yi tsaki. "Ni za a gaya ma Gado? Danga guda tar raba mu. Kullum da hantsi nan zaurena yaka jingine sandar, shi ƙetare hanya tsaye ƙyam awa soja."

Baƙon, wanda lauyan mai mota ya turo daga Sakkwato, ya rubuta.

Shekara biyu ke nan da motar albasa ta banke Gado a hanyar Aliero zuwa Jega. Kotu ta yanke masa diyyar da zai je a yi masa aikin ƙugu, mai motar kuwa ya ɗaukaka ƙara, wai a sake duba hukuncin, ciwon bai kai yadda ake zuzutawa ba. Shi Dalhatu dama abin ya daɗe yana ci masa rai. Mutum ya shigo maka yana jan ƙafa yana nishi, ya ajiye sanda, ya fita garau? Haba! Ruwa ba ya tsami banza. Ya dangwala yatsa a takardar, ko ɗar bai ji ba.

Aka zauna a Sakkwato, aka karanta shaidarsa, aka zabtare diyyar. Maganar aiki ta sha ruwa. Da Gado ya dawo, "Sannu da rana, maƙwabci," kawai ya ce. Dalhatu ya ce a ransa, ai mara gaskiya ko cikin ruwa gumi yake.

Gado bai fasa jingine sandar ba. Wata hantsi, a kan hanyar dawowa, ya yanke jiki ya faɗi tsakiyar titi. Kafin la'asar rai ya yi halinsa.

Da Dalhatu aka yi wankan gawa. Ana yaye zanen ya ga ƙugun, ya kumbura suntum, baƙi ƙirin, yana tsattsafo da ruwa. Butar ta kusa kuɓuce masa.

Bayan an dawo daga maƙabarta ya ƙetara yi wa Dije gaisuwa, tsohuwar Gado, wadda ɗakinta ke kallon zauren Dalhatu.

"Inna, ya haƙuri?"

"Haƙuri sai ma'aiki." Ta share ido da gefen zane. "Amma Dalhatu, ban gane ba. Yaron ga lahiyatai lau. Tun randa nis sume da ganinai da sanda, bai ƙara zo min da ita ba. Kullum da ƙafatai yaka zo gaishe ni, shi ce, 'Inna, kin gani na warke, ki bar kuka.' To mi yak kashe shi?"

Kunya da baƙin ciki suka lulluɓe Dalhatu.

Ya miƙe ya ƙetaro hanyar. Taku ashirin da uku ne, bai taɓa lura ba. Sandar na nan jingine a kusurwar zaure, mariƙinta ya yi sumul saboda riƙo.