Baƙon da Ya Nemi Shiga Kicin

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso kusa.

Ta zo mu ji ta, mun matso.

To, Zaratu tana tsakiyar kwashe tuwon acca ke nan aka danna ƙararrawa, sai da muciya ta kusa suɓuce mata. Ta leƙa ta tagar kicin. Ga su nan su biyu a bakin ƙofar gidanta na Plumstead, saurayi dogo da wani tsoho gajere mai gwamen ƙafa. Tsohon yana sanye da shuɗiyar riga mai ado ja da rawaya a wuya da kafaɗu, ya ɗaure ƙugu da ɗamara mai faɗi, ya rungume wata jakar fata a ƙirji kamar jariri. Maƙwabciyarta har ta ɗaga labule tana kallo.

Bari in gaya muku su wane ne. Zaratu mutuniyar Zonkwa ce, ta daɗe a Landan. Mijinta Katung ya rasu ya bar ta da 'ya ɗaya tal, Rifkatu. Yarinyar ta zama nas, aiki ya kai ta Norway, ba ma Norway ɗin da ake jin labari ba, can ƙarshen arewa, wani yanki da ake kira Finnmark, a garin Kautokeino. Can ta haɗu da wannan saurayi, Nilas. Mutanensu Sami ake ce musu, makiyaya ne kamar Fulani, sai dai su barewa suke kiwo, wata iri mai ƙaho reshe-reshe. Da sanyi suna tudu, in ƙanƙara ta fara narkewa su kora garke zuwa bakin teku. Tsohon kuwa kawunsa ne, Aslak, shi ya rene shi. Yau sun zo neman aure.

Zaratu ba ta taɓa cewa a'a ba. Amma fa ba ta taɓa cewa e ba. Tun ranar da Rifkatu ta gaya mata cewa a garin rana takan faɗi ta yi kusan wata biyu ba ta sake fitowa ba, abin ya tsaya mata a ƙirji. 'Ya ɗaya, a kai ta inda gari ba ya wayewa?

"Maman Rifkatu, za ki buɗe ko sai sun daskare?" in ji Obadiah daga falo. Wan marigayi ne, shi ne uba a yau, ya sha babbar riga tun safe yana jiran a zo a yi magana.

"Su da suka fito daga cikin firji, Yaya? Ai nan zufa suke yi."

Ta buɗe, aka gaisa, aka zauna. Rifkatu ba ta gidan. Zaratu ta tura ta gidan wata 'yar cocinsu, don yarinya ba ta zama a ji ana maganar aurenta. Nilas ya durƙusa yadda aka koya masa, ya ce, "Sannu, Mama," da Hausarsa mai tsami. Sauran maganar da Turanci aka yi ta, shi yake fassara wa kawunsa.

Obadiah ya gyara murya ya fara. Ya yi addu'a mai tsawo, ya ba da tarihin gidan Katung tun daga kakan kaka, sannan ya jingina ya ce, "To, yaro, tambayi kawunka, barewa nawa gare ku?"

Kunnuwan Nilas suka yi ja. Bai fassara ba. Zaratu, da ta girma kusa da ruga, ta taka ƙafar Obadiah ta ƙarƙashin tebur.

"Yaya, ka taɓa jin an tambayi Bafulatani yawan shanunsa?"

"To ai ba Bafulatani ba ne."

"Makiyayi ne dai. Bar shi."

Tsohon bai ji ko kalma ba, amma ya kalle ta, ya ɗan gyaɗa kai. Sai ya buɗe jakar nan. Zaratu ta zaci goro ne ko turmin zane. Ina! Wata buta ce ya fito da ita, baƙa ƙirin da hayaƙi, duk ta lotsa, an ɗaure hannunta da waya. Ya ajiye ta a kan farin mayafin teburinta, ya faɗi wata magana a hankali yana kallon ƙofar kicin.

Nilas ya sunkuyar da kai. "Yana roƙo, ko za ki bari ya dafa gahawa a kicin ɗinki."

Zaratu ta yi dariya. "Haba! Baƙo? Dattijo kamar wannan, ya taso daga ƙarshen duniya in bar shi ya shiga kicin? Ce masa ya zauna ya huta, ni zan dafa."

Aka gaya masa. Tsohon ya bar butar a kan teburin. Ta kawo tuwo da miyar karkashi, ya taɓa kaɗan. Can kuma ya ɗora hannu a kan butar ya sake faɗin maganar, yana ba da wani ɗan labari.

"Ya ce butar uwarsa ce. Lokacin yaƙin duniya, da sojojin Jamus suka ƙone Finnmark kakaf, gidaje da coci duka, uwarsa ta gudu cikin daji da barewa, ba ta ɗauki komai ba sai wannan. Da ita aka dafa gahawa ranar da ubansa ya je neman auren uwar. Yana roƙo ki bari."

"Allah sarki," in ji Zaratu, kuma da gaske abin ya taɓa ta. "To kawo in wanke masa ita, akwai soson ƙarfe. Amma kicin kam a'a. In aka ji a coci na sa suruki girki, ina zan sa kaina?"

Ku kun san kicin ɗin Zaratu. Ko Katung da ya aure ta, iyakarsa bakin ƙofa.

Da tsohon ya tambaya karo na uku, a tsaye ya yi. Zaratu ita ma ta miƙe, ta tsaya a ƙofar kicin ta ware hannu tana murmushi, tana girgiza kai don ya gane ba sai an fassara ba. Ya gane kuwa. Ya daɗe yana kallonta. Ya ɗauki butarsa ya mayar cikin jaka, ya ba Obadiah hannu, ya fita.

"Ka ga mutanen kirki," in ji Obadiah, yana jawo kwanon miya. "Zuwan farko gaisuwa ce. Za su dawo."

Zaratu ta raka su. A bakin ƙofa Nilas ya tsaya yana ɗaure takalmi.

"Mama, na gode da abinci. Rifkatu ta gaya mini tun farko ba ki so ta yi nisa. Ban zaci dai za ki faɗa a gaban kawu ba."

"In faɗi me?"

Ya ɗago. "Gahawar. A wurinmu mai neman aure ba ya tambaya da baki. Roƙo yake a bari ya dafa gahawa. In an bari, an ba shi. In an hana…" Ya miƙe tsaye. "Na zaci kin sani. Kawu ba zai sake tambaya ba, kuma ni ba zan iya tsallake shi ba. Yau da yamma za mu tashi."

Ya jira. Ya ba ta fili sarai ta ce, "Wayyo, ban sani ba, kira shi." Bakinta ya buɗe, maganar tana nan a kan harshe. Sai ta ji wani abu ya saki a ƙirjinta, wani sanyi mai daɗi, irin na wanda aka sauke wa kaya. Ba ta ce komai ba. Nilas ya sunkuya ya bi kawunsa.

Ta rufe ƙofa ta jingina da ita. Ai ba ta yi ƙarya ba. Ba ta kori kowa ba. Karamci ta yi, kowa shaida ne. Rifkatu za ta yi kuka, ta gaji, ta dawo Landan ta nemi aiki a asibitin Woolwich, su riƙa zuwa coci tare. Wa zai taɓa sani?

Wayarta ta yi ƙara a cikin zane. Rifkatu ce, tana magana ƙasa-ƙasa.

"Mama, yaya? Sun ci tuwon? Baba Obadiah bai yi wa'azi ba dai?"

"Sun ci."

"Nilas bai ɗauki waya ba. Suna nan?"

Zaratu ta kalli farin mayafin teburin. Butar ta bar baƙin zagaye a kai.

"Mama? Kin yi shiru." Muryar ta canja, ta koma ƙarama, irin wadda take yi tana 'yar firamare in ta ga uwarta ta dawo daga aiki a gajiye. "Mama, in ba ki yarda ba, ki faɗa mini kawai. Na riga na gaya masa, in kin ce a'a, shi ke nan. Zan yi resigning in dawo. Ba zan bar ki ke kaɗai kina fushi da ni ba."

Ga shi nan an miƙo mata a hannu. Abin da take so ke nan, ba sai ta roƙa ba. Amma tun da yarinyar ta tafi Finnmark, in ta bugo waya da ƙarfi take magana, tana dariya, tana ba da labarin sauron damina da ya fi na Zonkwa mugunta, da tsofaffin da suke kawo mata busasshen nama asibiti, da koren hasken da yake rawa a sararin sama da dare. Wannan ƙaramar muryar, Zaratu ta manta da ita. Kuma ta gane in ta yi shiru yau, ita za ta riƙa ji a gidan nan har ta mutu.

"Ina zuwa," ta ce, ta kashe.

"Ina za ki da silifas?" Obadiah ya ɗaga murya. Ba ta juyo ba.

Ku tuna mace ce mai ciwon gwiwa, ga hawan jini. Ta gangara layinsu tana riƙe da zane, ɗankwali ya zame, ba ta tsaya ba. Ta fito babban titi, Asabar ce, mutane cunkus. Ta wuce mai kifi, ta wuce shagon doya, wata 'yar cocinsu ta kira ta, ta yi kamar ba ta ji ba. Tasha za su bi ko bas? In suka kai Woolwich suka shiga jirgin ƙasa, ta rasa su. Numfashinta ya fara fita da ƙara. Ta tsaya ta dafa ƙarfen fitila tana dube-dube, duk riguna baƙaƙe da toka-toka.

Sai ga shuɗi da ja, can tsallaken titi, a wurin jiran bas. Ga kuma bas ɗin ta taho, ta kunna fitilar tsayawa.

"Nilas!" Ƙarar motoci ta haɗiye muryar. Ta faɗa titi. Wani mai keke ya kauce yana zagi, wata mota ta ja birki. Layi ya fara shiga, saurayin ya riga ya sa ƙafa ɗaya, tsohon yana bayansa.

Ba ta da yarensa, shi ba shi da nata, numfashin yin Turanci ma babu. Sai kawai ta kama jakar fatar. Tsohon ya riƙe gam. Suka tsaya ido cikin ido, tana ja yana ja.

"Za ku shiga ko kuwa?" in ji direba.

Zaratu ta cusa hannu cikin jakar ta zaro butar. Ta ɗora ta a ka, yadda take ɗaukar tulu tana yarinya, ta juya ta kama hanyar gida, ba ta waiwaya ba. Ta ji ƙofar bas ta rufe, ta ji ta tashi. Ba ta san ko suna ciki ba. Ta wuce shagon doya, ta wuce mai kifi, mutane suna kallon tsohuwa da baƙar buta a ka. Sai da ta kai kwanar layinsu ta ji takun gwamen ƙafa a bayanta, da wata 'yar dariya ƙasa-ƙasa.

A gida ta tura ƙofar kicin da kanta, ta miƙa masa butar da hannu biyu, ta koma falo ta zauna. Kai, zaman nan ya fi gudun wuya! Tana ji yana buɗe mata durowa, yana taɓa mata tukwane, ya kunna gas ya bar shi yana huci kafin ya gano ashana. Sau biyu tana miƙewa, ta sake zama a kan hannayenta.

Ya fito da gahawa baƙa kamar kwalta. Ya yanka busasshen naman barewa da wuƙar ƙugunsa, ya jefa cikin kofin, ya miƙa mata ita ta farko. Likita ya hana ta gahawa tuntuni. Ta shanye tas, har da naman.

"Wannan ai kilishi ne aka jiƙa," in ji Obadiah, yana yamutsa fuska. "To, tunda sun dawo, Maman Rifkatu, yaushe za a fara maganar?"

"An gama, Yaya."

Jirgin yamman nan ya tafi ba su. An ɗaura aure da Ista a Kautokeino, cikin dusar ƙanƙara, Obadiah ya yi addu'a har amarya ta fara rawar sanyi. Rifkatu tana can da mijinta da 'yarsu mai sunan Zaratu. Aslak ya rasu bayan shekara biyu, ya bar wa ƙaramar Zaratu barewa da butar. Ita kuwa Zaratu tana nan Plumstead ita kaɗai. Takan je musu lokacin da rana ba ta faɗuwa, ta dawo kafin duhu. Baƙin zagayen bai fita daga mayafin teburin ba, kuma har yau Rifkatu ba ta san uwarta ta taɓa rufe ƙofar nan ta yi shiru ba.